Yadda ake mayar da lamba cikakken murabba'i ba tare da lalube ba

Akwai tambayar lissafi da ke yawan fitowa a gaban ƴan koleji masu shirin BEPC, jarrabawar ƙarshen koleji: wace lamba ce mafi ƙanƙanta da za a ninka 360 da ita a samu cikakken murabba'i? Yara da dama a nan Tawa lalube suke shiga, su gwada sau 2, sau 3, sau 4, har kaye ya cika. Da 360 lalube zai iya kai ka gida. Ranar da mushe ya rubuta 2028 a allo kuwa, sai dai haƙuri.

Cikakken murabba'i lamba ce da ake samu idan an ninka wata lamba da kanta, kamar 49, wato 7 × 7. Magini mai karo 49, wato tayil na daɓen ɗaki, zai shimfiɗa layi 7, kowane layi karo 7, ba ragowa.

Mataki na farko, warware lambar zuwa lambobi marasa rabuwa, waɗanda 1 da su kansu kaɗai ke raba su: 2, 3, 5, 7, 11, 13 da sauransu. Ja layi a tsaye, sa 360 a hagu, ka fara da 2. Za ka samu 180, sai 90, sai 45. Nan 2 ta gaji. Koma 3: 45 ta ba da 15, 15 ta ba da 5. Ita 5 ta raba kanta, an iso 1. Ke nan:

360 = 2 × 2 × 2 × 3 × 3 × 5

Don sanin ko 3 za ta shiga, tara alƙaluman lambar: a 45, 4 da 5 sun yi 9, kuma 3 tana raba 9. Kada ka damu ko wani ya fara da 5 kai ka fara da 2, lambobin da za su fito iri ɗaya ne. Gauss, masanin lissafi ɗan Jamus, ya kawo cikakkiyar hujjar haka a 1801.

Mataki na biyu shi ne zuciyar aikin: jera su bibbiyu, kowace da irinta. (2 × 2) sun haɗu, (3 × 3) sun haɗu, an bar 2 guda da 5 guda. Kamar takalma ne a ƙofar masallaci, wanda aka tarar wari guda shi ne matsalar. Dalili kuwa, idan ka ninka lamba da kanta, duk abin da ke cikinta sau biyu yake fitowa. Saboda haka a cikin cikakken murabba'i babu wadda ke zama ita kaɗai.

Na uku, nemo wa kowace ƴar'uwarta. Ana bukatar ƙarin 2 da ƙarin 5, wato 2 × 5 = 10. A nan ake yawan tuntuɓe: wasu su tara su ce 7, wasu su ɗauki 5 su manta da 2 ta ukun. To 360 × 10 = 3600. Don tabbatarwa, ɗauki ɗaya daga kowane biyu: 2 × 2 × 3 × 5 = 60, kuma 60 × 60 = 3600.

Idan cewa aka yi a raba, amsar ba ta canjawa. Cire waɗanda suka rage: 360 ÷ 10 = 36, wato 6 × 6.

Mu koma 2028. Sau biyu 2 ke shiga, a samu 507. Sai 3 ta ba da 169. A nan 5 da 7 da 11 duk ba sa shiga, kuma yaro mai gaggawa zai ce 169 ba ta rabuwa. Tana rabuwa, 13 × 13 ce. Ka ci gaba da gwaji har sai lambar da kake gwadawa, in an ninka ta da kanta, ta wuce abin da ke hannunka. Wadda ta rage ita kaɗai 3 ce: 2028 ÷ 3 = 676, wato 26 × 26; 2028 × 3 = 6084, wato 78 × 78.

Sai dai ka karanta tambayar da kyau. Idan an ce nawa za a ƙara a kan 360, ko nawa za a ɗebe, wannan hanya ba ta da aiki a wurin. Murabba'an da ke kusa za ka duba: 18 × 18 = 324, 19 × 19 = 361. Magini mai karo 360 karo ɗaya tak zai ƙaro, ya shimfiɗa 19 a kowane gefe.