Babi na 6: Tankin Masai, In Ya Ƙi Cika ko Ya Ƙi Tsayawa

Darasi na 1: Mu leƙa ciki

Ku ɗaga murfin tankin da hannu biyu, ku kwantar da shi a ƙasa. Tangaran ne, in ya faɗi ya tashi aiki. Kada ku ji ƙyama, ruwan cikin tanki ruwan famfo ne, bai taɓa ƙazanta ba.

Za ku ga ƙwallon roba a bakin wani ɗan sanda. Ɗaya bakin sandan yana haɗe da bawul, wato ƙofar da ruwa ke shigowa. In aka kora ruwa, ƙwallo ya sauka, ƙofa ta buɗe. Ruwa na ƙaruwa, ƙwallo na tasowa, har sandan ya danne wata 'yar roba ta toshe ƙofar. Wasu sababbin tankuna ba su da ƙwallo, sai wani abu kamar kofi mai hawa da sauka a jikin bawul. Aikinsu ɗaya.

Darasi na 2: A rufe ruwa tukuna

Ku bi bututun da ya shiga tanki, za ku tarar da ɗan kan famfo kusa da bango. Ku murɗa shi dama, yadda hannun agogo ke tafiya, har ya tsaya. Dama, ba hagu ba. In babu shi, ku rufe na tankin sama. Sannan ku kora ruwa. Tanki bai sake cika ba? Madalla, kun iya.

Ku buɗe, ku sake rufewa. Sau uku. Wanda ya rikice kada ya ji kunya, kowa da haka ya fara.

Amma fa ku ji ni da kyau. Kowane aji sai na sami mai gaggawar da zai kwance bawul ruwa na buɗe, ya jiƙe sharkaf, ya ce littafi bai faɗa ba. To, ga shi littafi ya faɗa: a rufe ruwa. Dama ake murɗawa.

Darasi na 3: Ruwa ya ƙi tsayawa

Ruwa ya kamata ya tsaya kamar faɗin yatsu biyu ƙasa da bakin bututun ambaliya, wato bututun da ke fitar da rarar ruwa in tanki ya cika ya wuce kima. In yana wucewa, ku juya ɗan sukurun da ke kan bawul har ƙwallo ya ɗan yi ƙasa. In ba nan ba ne, ku zuba bula kaɗan a tanki, ku jira minti 15. Shuɗi ya bayyana a masai? Robar ƙasa ce ta lalace, wato wadda ke toshe mafitar ruwa a gindin tanki. Kafin ku cire ta, me za ku yi? Rufe ruwa.

Darasi na 4: Ruwa na shiga a hankali

Yawanci yashin burtsatse ne ya toshe bawul. A rufe ruwa, a kwance, a wanke, a mayar.

Darasi na 5: Ƙwallo ya huje

Ku girgiza shi. In da ruwa ciki, ku tafi da shi kasuwa a ba ku irinsa.