Yadda ake lissafa ragowar kuɗi a asusun banki, sidi da pesuwa

A kuɗin Ghana, sidi ɗaya pesuwa 100 ne, shi ya sa saƙon banki yake zuwa da lambobi biyu bayan ɗigo. Abin da ke hagun ɗigon sidi ne, na dama pesuwa. Waƙafin da ke cikin 1,250.40 kuwa dubu kawai yake nunawa, ba ya shiga lissafi.

A ce 1,250.40 ke cikin asusunka. Ka cire 300 a ATM a kasuwar Kejetia ta Kumasi, ka sayi wuta ta 87.65 a wurin ECG, kamfanin lantarki na Ghana, banki ya yanki cajin 4.50. Fara tara abin da ya fita. Rubuta su ɗaya ƙarƙashin ɗaya, ɗigo saitin ɗigo, ka cike gurbin da babu komai da sifili, wato 300 ya zama 300.00. Jimla 392.15.

Sai ɗebewa. Sa 1,250.40 a sama, 392.15 a ƙasa, ka faro daga dama. Ba a cire 5 daga 0, don haka ka ari ɗaya daga 4, ta koma 3, sifilin ya zama 10, saura 5. Cire 1 daga 3, saura 2. Sauko da ɗigon nan take kafin ka ci gaba, a nan ne yake yawan ɓacewa. A ɓangaren sidi ma aron ne har ƙarshe: 2 daga 10 saura 8, 9 daga 14 saura 5, 3 daga 11 saura 8. Ragowarka 858.25. Ka tara ta da 392.15, in ta mayar da kai 1,250.40 lissafi ya yi.

Inda aro ya fi wahalar da mutane shi ne idan sifili ya jeru a sama, kamar 500.00 a cire 87.65. A nan hanyar 'yan kasuwa wajen ba da canji ta fi sauƙi, kuma ita na fi so a koya wa yara. Daga 87.65, pesuwa 35 ta kai ka 88, sidi 12 ya kai ka 100, sidi 400 ya kai ka 500. Ka haɗa su, 412.35.

A kula da kalkuleta. Tana yar da sifilin ƙarshe, ta nuna 4.5, mutum ya ɗauka sidi 4 da pesuwa 5 ne, alhali pesuwa 50 ce. Pesuwa 5 ana rubuta ta 4.05.

Akwai kuma tsohon ƙirge. Tun canjin kuɗi na Yulin 2007 sidi 10,000 na da ya koma sidi ɗaya, amma har yau a unguwannin Aboabo da Asawase na Kumasi za ka ji dattijo ya ce ya cire miliyan uku, yana nufin sidi 300. Mayar da komai sabon kuɗi kafin ka ɗora biro a takarda.

Idan lissafinka ya saɓa da na banki, cire ƙaramin daga babban, ka mayar da bambancin pesuwa. In ya rabu da 9 ba saura, mai yiwuwa ka juya lambobi biyu ne, kamar 87.56 a maimakon 87.65. In bai rabu ba, nemi takardar shige da ficen asusunka, ka bi ta layi-layi, galibi wani ƙaramin caji ne ba ka rubuta ba.