Yadda ake sabunta tsohon mugu na cikin fim ba a lalata shi ba

Kafin ka taɓa komai, ware abu uku da ake gane mugun da su: siffarsa daga nesa, muryarsa, da abin da yake nema. Waɗannan ba a canza su. Sauran duk naka ne.

Dubi Dalek, wani mugun dodo mai sulken ƙarfe a shirin talabijin na BBC mai suna Doctor Who, wanda ya fara fitowa a 1963. Shekara da shekaru 'yan kallo na yi masa dariya wai matakala kaɗai ta ishe shi, don ba ya iya hawa. Da aka dawo da shirin a 2005, sai aka kawo Dalek guda ɗaya tak, ɗaure da sarƙa. Ya kuɓuce, mutane suka haye bene suna ganin sun tsira, shi kuwa ya tashi sama ya bi su. Wato ka nemo inda ake raina mugun, ka mai da shi makami. A 2010 an ƙara masa girma, an shafa masa launuka masu ɗaukar ido, 'yan kallo da yawa suka ƙi, aka koma wa na baya. An taɓa siffa ke nan.

Dalek na da masu shi, kada ka kwafa. Mai shirya fim a Daura ma bai rasa nasa ba: macijin rijiyar Kusugu, Sarki, da ke hana ɗiban ruwa sai ranar Juma'a. Mai da shi na'ura mai kula da ruwan gari, ka bar masa dokar Juma'ar nan, don ita ce abin tsoron.

Wajen ƙira, mai walda ya haɗa firam da siririn rodi, a lulluɓe da soso, a fesa fenti mara sheƙi. Mai sheƙi yana dawo da hasken fitila, sai a ga kayan wasa ne. A bar ramukan iska ta baya, kuma wanda ke ciki kada ya wuce minti 15 a zafin Afrilu.

Murya a ɗauke ta daban a ɗaki shiru, a kaurara ta kaɗan a manhajar gyaran sauti ta Audacity. In ta yi kauri da yawa, lasifikar waya na cinye kalmomin, alhali a waya za a kalla.

A kashi na farko nuna ido da inuwa kawai, da guga na dawowa ba ruwa. Cikakken jiki sai kashi na 3.