Dogon zango a filin jirgi: kurakuran da ke hana mu ganin gari

Tafiyata ta farko zuwa China sayo kaya, na bar Jos da asuba, na bi ta Akwanga da Keffi, na hau jirgi a filin Nnamdi Azikiwe na Abuja, muka sauka Istanbul. Tsakanina da jirgi na biyu akwai awa goma sha ɗaya. Na yi su cur a kan kujera, na yi barci na farka, na sha shayi mai tsada, na zaga kantuna har ƙafa ta gaji. Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne sai bayan na dawo gida na san cewa kabarin Abu Ayyub al-Ansari, sahabin da Manzon Allah (SAW) ya sauka a gidansa a Madina, yana cikin garin nan, a unguwar Eyup, tafiyar da ba ta kai awa ɗaya ba daga inda nake zaune in hanya ta yi kyau. Tun daga ranar na ɗauri aniyar kada wani nawa ya sake yin irin wannan asarar. Ga abubuwan da na ga suna kayar da mutanenmu, wasu a kaina, wasu a kan abokan tafiya.

Babban kuskure, wanda ya haɗiye sauran, shi ne a bari sai an sauka sannan a fara tunanin fita. Maganar fita gari a Abuja ake yanke ta, tun kafin a biya kuɗin tikiti. Fasfonmu na Najeriya ba ya buɗe ƙofa da kansa a yawancin garuruwan da muke yada zango. Kana cikin zauren masu jiran jirgi, a wurin hukuma ba ka shiga ƙasar ba tukuna. Da zarar ka ce za ka leƙa gari, ko na awa biyu ne, sai ka bi ta gaban jami'an shige da fice, su kuwa biza za su tambaya. Kamfanin Turkish Airlines yana da shiri mai suna Touristanbul, inda yake zagayawa da fasinjojinsa cikin gari kyauta, da mota da ɗan jagora, matuƙar zangon mutum ya kai awa 6 bai wuce 24 ba. Mutane suna jin kalmar "kyauta" sai su ɗauka har da izinin shiga ƙasa. Ba haka ba ne. Bizar Turkiyya kai za ka nema da kanka, kuma ka nema tun da sauran makonni. Dokokin biza suna sauyawa, abin da ya yi wa maƙwabcinka aiki bara ba lallai ya yi maka bana ba, don haka ka duba shafin ofishin jakadanci ko ka je da ƙafarka, tunda ofisoshin suna nan Abuja.

Turai ma ta fi tsanani. Najeriya tana cikin jerin ƙasashen da ake buƙatar 'yan ƙasarsu su riƙe bizar wucewa ko da ba za su fita daga filin jirgi ba a ƙasashen Schengen, irin su Jamus da Faransa, sai fa masu wasu takardu da aka ware, kamar bizar Amurka ko Kanada mai rai. Ingila ma tana da irin wannan doka tata. Wanda bai san da wannan ba, tun a Abuja za a hana shi hawa jirgi, balle a kai ga zancen yawon gari.

In ka je wurin ejan sayen tikiti, kada ka tsaya a kan "wanne ya fi araha". Na taɓa raka wani dattijo ɗan unguwarmu, ejan ya ce masa, "Ranka ya daɗe, akwai mai jiran awa huɗu, akwai mai jiran awa goma, kuɗinsu kusan ɗaya ne." Dattijon ya zaɓi na awa huɗu don kada ya wahala. Ni da ni ne, na goma zan ɗauka. Awa huɗu ba ta isa fita ba, ba ta isa barci ba, zaman jira ne kawai. Awa goma kuwa yini ne guda a garin da wataƙila ba za ka sake takawa ba. Ka kuma tambayi lokacin sauka, domin awa goma da ta faɗa tsakanin sha biyun dare da safiya ba yawo za ta ba ka ba, masauki take nema.

Daga nan sai lissafi, kuma a nan nake so in daɗe, domin a nan ake rasa jirgi. Mutum ya ga awa tara a tikiti sai ya ƙirga awa tara na yawo. Bari mu cire. Daga saukar jirgi zuwa fitowarka bakin titi, da doguwar tafiya a cikin filin da layin buga hatimi, ka ware awa ɗaya zuwa ɗaya da rabi. Sabon filin jirgin Istanbul, wanda jirage suka koma gaba ɗaya a watan Afrilun 2019, yana can gefen Baƙin Teku, fiye da kilomita 40 daga tsohon gari inda manyan masallatai suke. Ka ware awa ɗaya zuwa, awa ɗaya dawowa, wannan ma in babu cunkoso. Duk wanda ya taɓa maƙalewa a Lugbe da safiyar Litinin yana kallon agogo ya san abin da nake nufi, kuma cunkoson Istanbul ya fi wannan. Sannan ka kasance cikin filin jirgi awa uku kafin tashi, saboda za a sake bincikarka daga farko, kuma ana rufe ƙofar shiga jirgi kimanin minti 20 kafin lokacin da aka rubuta. Me ya rage? Awa biyu da rabi zuwa uku. Ba kaɗan ba ce, amma ba tara ba ce. Wanda ya san uku gare shi zai zaɓi wuri ɗaya ko biyu ya gan su da kyau. Wanda yake ganin tara gare shi zai tsallaka teku zuwa ɓangaren Asiya cin kifi, ya dawo ya tarar an tashi.

Rasa jirgi a irin wannan hali ba ƙaramin abu ba ne. Tunda kai ka makara, ba kamfani ya jinkirta ka ba, kuɗin sabon tikiti a kanka yake, kuma a ƙa'idar yawancin kamfanoni in ka tsallake zango ɗaya ana soke ragowar tafiyar har da ta dawowa.

Agogo ma yana yaudara. Istanbul da Doha da Addis Ababa duk sun riga Najeriya da awa biyu, kuma lokacin da ke kan katin shiga jirgi na garin da kake ciki ne. Wayar da babu layi a cikinta takan tsaya a kan lokacin Abuja. Ka gyara ta da hannu tun kana cikin jirgi. A Habasha akwai ƙarin wani abu: mutanen ƙasar suna fara ƙirga awoyi daga wayewar gari, bakwai na safe ita ce ƙarfe ɗaya a wurinsu. Direban tasi ya ce zai dawo ya ɗauke ka ƙarfe huɗu, yana iya nufin goma. Kada ku rabu sai ka nuna masa a fuskar waya kun yarda a kan abu ɗaya.

Wannan ne ya sa nake fifita bin ɗan jagora na kamfanin jirgi ko na hukumar yawon buɗe ido a kan mutum ya kama gabansa, musamman a fita ta farko. Su sun san hanya, sun san lokacin da gari ke cushewa, aikinsu ne su dawo da kai a kan lokaci. A Doha, Discover Qatar, wanda reshe ne na Qatar Airways, yana shirya zagayen gari na kimanin awa uku ga masu zangon awa 6 zuwa sama. Shi biya ake yi, kuma gara a kama gurbi ta intanet tun daga gida, a kuma tabbatar da sharuɗɗan shiga ƙasa. Sukan bi da mutum ta bakin teku, su tsaya a kasuwar Souq Waqif, inda ƙamshin turaren wuta da kayan yaji zai tuna maka da kasuwar Kurmi. Filin jirgin Hamad yana kusa da gari, shi ya sa Doha ta fi sauƙin lissafi. Kamfanin jirgin Ethiopian kuma yakan ba da masauki da abinci ga wanda zangonsa a Addis Ababa ya kai awa 8 zuwa 24 idan babu jirgin da zai ɗauke shi da wuri. Mutane da yawa ba su tambaya, suna kwana a kan benci alhali suna da haƙƙin gado. Ka tambaya tun a Abuja wurin awon kaya.

Wanda za ka guje wa shi ne mai tare ka a bakin ƙofa yana cewa zai zaga da kai da araha. Ba ka san shi ba, babu wanda ya san ka bi shi, fasfonka yana aljihunka. Ko mutumin kirki ne, yawanci shagon abokinsa zai kai ka ka ɓata awa guda kana kallon darduma.

Ranar mako ma a duba ta. Babbar kasuwar Istanbul mai rufi, Kapalicarshi, ba ta buɗewa ranar Lahadi. Fadar Topkapi, inda aka adana kayan tarihi da ake dangantawa da Manzon Allah (SAW) da sahabbansa, tana rufe ranar Talata. Ga wanda wannan ne burinsa, zango ranar Talata asara ce, kuma sau da yawa matsar da tikiti da kwana ɗaya ba ya ƙara komai. Masallacin Sultan Ahmed mai hasumiya shida, wanda aka fara ginawa a 1609, da Aya Sofiya, wadda aka kammala a shekarar 537 aka kuma mayar da ita masallaci a 2020, suna fuskantar juna, fili ɗaya ne ya raba su. In lokacinka kaɗan ne, ka tsaya nan kawai, ka yi alwala, ka yi salla a ɗaya daga cikinsu, ka zauna ka ɗaga kai ka kalli ƙubba. Ya fi maka ka taka wuri shida kana gudu da waya a hannu. Amma ka sani zagayen kamfani yana da tsararriyar hanya, ba za su sauya ta dominka ba. In Eyup kake so, ka duba jadawalinsu ka ga ko tana ciki a ranar, in ba ta ciki sai ka shirya taka tafiyar da tasi mai mita.

Lokutan salla a can ba irin namu ba ne. A Istanbul rana tana faɗuwa kafin shida a watan Disamba, a watan Yuni kuwa sai an wuce takwas da rabi. Ka duba su kafin ka fita, ka kuma tambayi malaminka hukuncin ƙasaru da haɗa salloli tun kana gida.

Mu 'yan Jos muna da wani kuskure namu na kanmu: muna ganin mun san sanyi. Addis Ababa tana kan tudun da ya haura mita 2,300, kusan ninki biyu na tudun Jos, da dare sanyinta yana shiga ƙashi, kuma hawan 'yar gangara kaɗan zai sa ka haki. Istanbul kuwa dusar ƙanƙara takan sauka a lokacin hunturu. Rigar sanyinka kada ta tafi cikin babban akwati, domin in tikitinka ɗaya ne akwatin ya wuce kai tsaye, ba za ka sake ganinsa ba sai ƙarshen tafiya. Haka maganin hawan jini ko na suga, da cajar waya. Doha a watan Yuli akasin haka ce, zafi yana haura digiri 40, fita da tsakar rana azaba ce, a bari sai yamma. In kuwa tikiti biyu ka yanka daban-daban don neman sauƙi, to kayanka a hannunka suke a zango, sai ka karɓa ka sake kai su awo, kuma kamfani na biyu babu ruwansa da makararka.

Kuɗi: kada ka dogara da katin naira kaɗai, yana iya ƙin aiki a lokacin da ka fi buƙatarsa. Ka bi ta wurin 'yan canji a Wuse Zone 4 ka karɓi ƙananan takardun dala ko yuro masu tsabta, sababbin bugu, ka canza kaɗan a filin jirgi na kuɗin mota da ruwa, sauran a cikin gari inda farashi ya fi kyau. Istanbul tana da filin jirgi na biyu, Sabiha Gokcen, a ɓangaren Asiya. In za ka dawo ka nuna wa direba katinka ya ga IST ne aka rubuta, wato sabon filin, ko SAW, wato Sabiha Gokcen, kada ka ce masa filin jirgi kawai.

Sai tsaraba. Wata gwaggona ta fita gari a wani zango, ta sayo manyan kwalaben turare uku da man zaitun na 'ya'yanta, tana murna. A wurin bincike aka karɓe su duka, domin dokar jakar hannu a yawancin filayen jirgi ba ta yarda da kwalbar ruwa ko mai da ta wuce mililita 100 ba, babban akwatinta kuma ya riga ya wuce. Ta kira ni tana cewa, "Ɗan nan, ko kwalba ɗaya ba su bar mini ba." Na ji zafin abin sosai, don kuɗin ba kaɗan ba ne kuma kalma ɗaya da an gaya mata ta isa. Abin da za a saya a zango busasshe ne: dabino, alawar Turkiyya, carbi, gyale, ɗanyen itacen turaren wuta, kofi na Habasha. Turare na ruwa kuwa ko dai ƙananan kwalabe, ko a bari sai an wuce bincike a saya a kantunan ciki, a sa su rufe shi a ledarsu mai hatimi tare da rasit, kada a ɓare ta sai an isa gida.