Manomi mai son takara a Jos, ga ta inda za ka fara

Fara daga mazaɓarka. A can za ka yanki katin jam'iyya, domin sai jam'iyya ta tsayar da kai. Zaɓen kansila hukumar zaɓe ta jihar Filato, PLASIEC, ke shiryawa. Na Majalisar Dokokin Filato mai kujeru 24 kuwa na INEC ne, kuma tun 2018 shekara 25 ta isa, da karatun sakandare.

Kuɗi ne ke kayar da manoma. Kada ka taɓa gona ko irin dankalin baɗi don sayen fom. Ware kuɗin daga ribar da ka samu a kasuwar kayan lambu ta Farin Gada. Ranar zaɓe, sa wakili amintacce a kowace rumfa, ka kai masa abinci, kada ya motsa sai ya karɓi kwafin sakamako mai sa hannu.