Yadda Za A Hana Baƙon Kifi Mamaye Tafki

Giwan ruwa kifin gida ne a Tafkin Cadi da Kogin Neja, inda sauran kifaye suka saba da zama da shi tun fil azal. Amma da aka zuba shi cikin Tafkin Biktoriya, wanda Uganda da Kenya da Tanzaniya suka kewaye, a shekarun 1950, sai ya yaɗu ƙwarai a shekarun 1980, ya cinye ƙananan kifaye dangin karfasa har aka rasa kimanin iri 200. Da yake namansa na da maiƙo, dole sai an banda shi, wannan kuwa ya ƙara jawo sare itatuwa a gaɓar tafkin. Har yau ba a iya fitar da shi ba, don haka aikin duka na rigakafi ne.

Matakin farko yana wuyan mai kiwon kifi, domin daga wajensa ɓarna ta fi fitowa. Kada ya haƙa ramin kiwo a fadamar da ambaliya ke shafewa, saboda ruwan Agusta kan cika rami ya kwashe kifin zuwa rafi, rafin kuma ya kai su tafki. Ya ɗaga bangon ramin, ya sa raga mai ƙananan idanu a kowace mafitar ruwa, yana duba ta bayan kowane ruwan sama. Mai kiwon tarwaɗa ya ƙara da shinge, tunda takan ja ciki a kan damshin ƙasa da dare. Ruwan da aka sauya kuwa, a malala shi a gona maimakon magudana, domin yakan ɗauki ƙwai da 'ya'yan kifi. Haka nan ya tambayi asalin irin da zai saya, ya zaɓi wanda dama akwai shi a ruwan yankinsa.

Masunci mai tashi daga wani ruwa zuwa wani ya kwalfe kwalekwalensa, ya cire ciyawar da ta maƙale, ya shanya taru da birgi su bushe ƙayau. Ragowar kifin koto kuma kada ya juye shi a ruwa.

Duk wanda ya kamo kifin da dattawan masunta ba su sani ba, kada ya mayar da shi. Ya ɗauki hotonsa, ya lura da wurin da ya kama shi, ya sanar da sarkin ruwa da jami'an kula da kamun kifi na jiha, waɗanda za su iya tuntuɓar cibiyar binciken kifin ruwan daɗi ta ƙasa da ke New Bussa.