Ku leƙa suwic kafin ku zargi kamfanin intanet

Assalamu alaikum 'yan uwa masu haɗa kwamfutoci a Garwa da Marwa. Da kwastoma ya ce intanet na tafiyar hawainiya, kamfani muke fara ɗora wa laifi, alhali sau da yawa ɓarawon na cikin gida.

Makon jiya na je wani shagon intanet mai kwamfuta ashirin. Kebul ɗin da ya haɗa suwic (akwatin da ke haɗa kwamfutocin shagon) da rawuta (na'urar da ke shigo da intanet) megabit 100 kawai yake ja, maimakon gigabit 1, wato megabit 1,000. Ashe waya ɗaya ce ta tsinke a bakin kebul ɗin. Gigabit sai da wayoyi takwas cif, 100 kuwa huɗu sun ishe shi, shi ya sa layin bai mutu ba, ya dai rage gudu shiru.

In suwic ɗinku na karɓar saiti, ku kunna SNMP (hanyar da suwic ke ba da rahoton aikinsa), ku sa manhajar Cacti ko Zabbix ta riƙa zana muku lodin kowace ƙofa, wato ramin da ake soka kebul. Ku canja kalmar "public" ɗin nan da SNMP yake zuwa da ita a matsayin kalmar sirri, don Allah. Ku kuma zaɓi ƙidayar data mai bit 64, wadda sai a SNMP v2c ko v3 ake samunta. Mai bit 32 a layin gigabit da ya cika takan zagayo sifili cikin daƙiƙa 34, ku kuwa duk minti biyar kuke ɗaukar lissafi, sai zanen ya yi muku ƙarya.

In kurakuran CRC (alamar data ta lalace a hanya) na hauhawa a ƙofa ɗaya, ku fara canja kebul. Ƙurar hunturu kuma a hure ta daga fankar suwic kafin zafin Maris ya kama.